Ubale Baduku da Gwamnatin Masu Laya

Kawuna Ubale baduku ne, ƙanen mahaifiyata. In ka tambayi inda yake, sai dai a gaya maka inda aka gan shi jiya. Gidansa dai yana Gumel, can bayan kasuwa, inda matarsa Asama'u take kiwon awakinta tana jiran sa. Shi kuwa ranar Alhamis yana Maigatari, wata rana a gan shi Sule Tankarkar, wata rana Gagarawa, jakar fata a kafaɗa, basilla soke a hula. Tsofaffin unguwarmu sun ce kurciya aka yi masa tun yana saurayi, irin sammun nan da ke hana mutum zama gari ɗaya. Shi kuma cewa yake wanda ya yi masa kurciyar bai iya aiki ba, da ya iya da tuni yana Makka.

Ni ma ba ni da bakin yi masa dariya. Na shiga firamare na gudu, na zauna koyon dukanci a gabansa damina ɗaya na gudu, na yi tallan kananzir, yanzu ni ne karen motar Ɗantala, mai kamyon nan, babbar motar kaya, da ke jigila daga Gumel zuwa Maigatari har tsallaken iyaka. Sunana Ƙasimu. Inna ta ce a jini abin yake.

Kawu yana yin takalmi da kube da linzami, amma abin da ke ciyar da gidansa ɗinkin laya ne. Mutum zai karɓo rubutunsa wurin malami, ko ƙullinsa wurin boka, sai ya kawo wa baduku ya yi masa riga ta fata, laya ce ta wuya, ko kambu na damtse, ko guru na ƙugu. Sana'ar tana da doka ɗaya, kuma ita ce abu na farko da ya koya mini kafin ya bari in taɓa basilla. Baduku ba ya buɗe abin da aka kawo masa, kuma ba ya faɗin wanda ya kawo. Ranar da aka ji daga bakinka, in ji shi, ka tattara kayanka, don ko layar jariri ba mai sake kawo maka. Shekara da shekaru ya riƙe wannan doka, kuma Allah ne kaɗai ya san wahalar da ya sha, domin Kawu mutum ne da ko tari ya ji a maƙwabta sai ya ba da labarinsa.

Shekarar da soja suka ce za su miƙa mulki ga farar hula, alif ɗari tara da saba'in da takwas, kowa ya koma ɗan siyasa. Direbobi, 'yan kamasho, dillalan shanu, har mai sayar da rake yana da ra'ayi kan tsarin mulki. A tashar Maigatari akwai teburin wani mai shayi, rediyonsa rataye a jikin darbejiya. Nan muke taruwa ranar kasuwa kafin lodi ya cika. Rumfar Kawu tana daura da wurin, kusa ƙwarai, ba maganar da ke wuce kunnensa.

Wata Alhamis gardama ta yi zafi kan yadda za a jefa ƙuri'a. Sai na ga Kawu ya soke basilla a hula ya taso.

"Duk kun ɓata yawunku," in ji shi. "Wane ne cikin masu neman kujerar nan zai fito bai sha rubutu ba? Wane ne ba guru a ƙugunsa ƙarƙashin babbar riga? To in dai ƙarshenta mai magani ne zai ci, don me za a jera tsofaffi a rana? A fito da abin fili mana. Wanda ya fi kowa ƙwari, shi ya riƙe ƙasa."

Aka bushe da dariya. Ubangidana Ɗantala ya ce, "To Malam Ubale, ta yaya za a gane wanda ya fi?"

Ashe ya daɗe da tsara abinsa yana ɗinki. Ya ture wani ɗan kamasho ya zauna bakin benci, ya fara zayyanowa. A gwamnatinsa ba jam'iyya, ba akwati, ba dangwala yatsa. Kowace kaka in an gama girbi, sai a share fili a bayan gari, a kafa ganga, duk mai ji da kansa ya fito ya nuna. Ministan yaƙi ɗan tauri ne, wanda wuƙa ke lanƙwashewa a cikinsa. Ministan harkokin waje mai layar zana ne, ya ɓace a nan ya bayyana a Yamai, ba sai an saya masa tikitin jirgi ba. Baitulmali ba ya buƙatar kwaɗo ko mai gadi, a ba wanda ya iya kafi, ɓarawo ya shiga ya kasa fita, a zo a same shi da tsintsiya yana share dandamali. Ministan gona shi ne mai kiran hadari, in damina ta yi gardama a tuɓe shi ranar nan. Alƙali ba ruwansa da shaida, sai ya ba masu ƙara ruwa a ƙoƙo su sha, mai ƙarya cikinsa ya kumbura. Asibiti kuwa na gardawa ne masu wasa da maciji.

"Haraji fa?" in ji mai shayi.

"Baƙar kaza, kowane gida."

"Wanda ba shi da baƙa?"

"Ya shafa wa fara baƙin tukunya. Gwamnati ba ta wanke kaza."

Wani ya tambayi shugaban ƙasa. Nan Kawu ya gyara zama. Ya ce shi ne wanda zai tsaya tsakiyar fili, ministoci su bi shi ɗaya bayan ɗaya, kowa ya gwada nasa a jikinsa. Mai wuƙa ya sa wuƙa, mai maciji ya saki maciji. In ya fita lafiya a naɗa masa rawani. In bai fita ba a yi masa likkafani da shi, ba a yi asarar yadi ba.

Akwai wani malami matashi da ke wa'azi a bakin tasha. Ya matso ya ce wannan zance shirka ne tsagwaronta, Kawu ya ji tsoron Allah. Kawu ya ce, "Allah gafarta Malam, ni ban ce abin kirki ba ne. Cewa na yi abin da ake yi ke nan a ɓoye. Amma in kana so, akwai kujerar ministan yi wa gwamnati faɗa, har yanzu ba mai nema." Malamin ya yi ta'awizi ya koma wurinsa.

Da abin ya tsaya nan, da ba komai. Amma zance a tasha mota yake shiga. Kafin wata ya zagayo, a Gagarawa ana kiran sa mai gwamnati, a Sule Tankarkar yara suna bin sa suna tambayar yaushe za a kafa ganga. Kowace Alhamis bencin mai shayi ya cika, har mutumin ya ƙaro kofuna. Kuma tambaya ɗaya ce a bakin kowa: to kujerun nan, su wa za a ba?

Ya fara da Rufa'i mahauci. Wannan bai cuci kowa ba, domin Rufa'i ɗan tauri ne na fili, ko kalangu ya ji daga nesa sai ya zare wuƙa ya hau gurzar cikinsa. Da aka ce shi ne ministan yaƙi, daɗi ya kashe shi. Ya aiko wa Kawu tsire a takarda, ya kuma hana yaransa kiran sa da suna, sai dai ranka ya daɗe.

Dariyar mutane ta shiga kan Kawu. Mutumin da ya yi shekaru yana haɗiye magana, ga shi an kewaye shi ana roƙon ya yi. Mako na gaba aka tambayi harkokin waje.

"Ai ga shi nan zaune yana busa shayi," in ji Kawu, ya nuna ubangidana da leɓe. "Ni na ɗinka masa layar zana da hannuna, tana ƙarƙashin kujerar direba. Shi ya sa 'yan duwan ke kallon kamyonsa su ga kamar jaki ne ya wuce."

Ɗantala ya ƙware, shayi ya fito masa ta hanci. Mutane suka yi ta faɗuwa kan juna don dariya. Ni ma na yi, har na riƙe ciki. Ban san a kaina abin zai ƙare ba.

Tafiyarmu ta gaba, hanyar Dungas, muna isa shingen 'yan duwan, wato kwastan na tsallaken iyaka, suka ce a sauke komai. Komai fa. Buhunan gero, kwalayen sabulu, garewanin kananzir, kuma wa zai sauke in ba karen mota ba? Rana ta take, ni ina ta dako, su suna zaune a inuwa. Daga ƙarshe babbansu ya ɗaga kujerar direba, ya zaro layar, ya riƙe ta sama da yatsa biyu, ya gaida Ɗantala da turancinsu na tsallake, "Bonju, minista." Ya mayar masa da ita cikin ladabi. Ɗantala ya ce tunda ido ya gan ta ta mutu, ya wurga ta cikin sabara a hanyar dawowa. Tun daga ranar bai sake yi wa Kawu ko sannu ba, sauran direbobi kuma suka bi bayansa.

Sai Alhaji Sajo, dillalin hatsi na Gagarawa. Shi aka ba kujerar ciniki, saboda wani kambu da Kawu ya ce in Alhaji ya ba ka hannu da shi a damtse, duk farashin da ya faɗa ba ka iya cewa a'a. Ranar kasuwa manoma suka daina ba shi hannu. Sai su tsaya can nesa da jakunansu, hannuwa a bayansu, su yi cinikin da ihu. Alhaji ya aiko a gaya wa Kawu ya gode da sarauta, Allah ya isa.

Daga nan iska ta juya. Masu dariya suna nan, kullum ƙaruwa suke, amma masu kawo ɗinki suka ɗauke ƙafa. Wanda ya cika benci da safe yana ƙyaƙyatawa, shi ne zai zagaya bayan kara, inda ake cinikin shanu, da rana ya kai layarsa wurin wani tsohon baduku da ko sallama da ka yake amsawa. Wasu suna zuwa rumfar Kawu, amma ba da aiki ba. Su tsuguna su yi ƙasa da murya su ce, don Allah Malam Ubale, a tsallake ni a rabon nan, ina da iyali.

Na je gidansa wata rana da hantsi, na tarar Asama'u tana kwance igiyar wata akuya za a kai kasuwa.

"Malam," ta ce masa, "gwamnatin nan taka ba ta raba tsaba ne?"

"Ba a kafa ta ba tukuna."

"To a kafa ta da wuri. Ka naɗa rabin ƙasar Gumel minista, ni ko daddawa babu. Wannan ita ce akuya ta biyu da bakinka ya ci."

"Ke ba ki san siyasa ba."

"Na san tukunya." Ta juyo gare ni. "Kai kuma ɗan nema, in ya fara ba za ka ja masa riga ba? Sai dai ka buɗe haƙora?"

Na ce ni ma'aikacin harkokin waje ne, ba na shiga harkar cikin gida. Ta ɗauki muciya, na bar gidan.

Ba wai Kawu bai gane ba. Ya gane sarai. Ya koma zama a rumfa yana ba teburin shayi baya, ya cika kumatu da goro don kada baki ya samu wurin motsi. Aiki babu, sai ya ɗauki tsohon kube ya warware ɗinkinsa ya sake ɗinkewa. Ya tashi ya je bakin kara ya dawo, ya zauna, ya sake tashi. Ya hau mota zuwa Gagarawa, kafin a gama sauke fasinja ya ce a mai da shi. Ya daina naɗi gaba ɗaya. Sai dai kujera ɗaya ta rage, babbar, kuma ita mutane suka ƙi mantawa da ita.

Mutum ɗaya ya rage masa mai nauyi cikin masu kawo aiki. Wani dattijon Bafillace ne, rugarsu tana can yamma da Sule Tankarkar. Zan kira shi Hamma. Ba sunansa ba ne, kuma rabin Fulanin ƙasar nan in ka ce Hamma za su waigo, don haka ku nema. Yana da wani guru da ya gada wurin ubansa, gumi yakan ci fatarsa, sai ya kawo a sake masa riga. Shi ne kuma yake kawo aikin rugarsu duka, layun yara da na wuyan bijimai. Shekarun farin nan da shanu suka yi ta faɗuwa a hanya, garkensa ya fita da ƙafarsa, ɓarayi kuma ba su taɓa kwance masa ko maraƙi ba.

Ya zo gidan Gumel gab da faɗuwar damina, na yi sa'a ina nan. Kawu ya sa ni riƙe bakin gurun yana ɗinki, domin aikin na mutum biyu ne, ni kuma ɗan gida ne a sana'ar ko da na gudu. Hamma yana zaune, sanda gicciye a gwiwa, sai da aka kusa gamawa ya yi magana.

"Baduku, na ji ana rabon sarauta a Maigatari."

"Wasa ne, Hamma. Hirar tasha."

"Ni ban iya wasa ba. Wanda ya ba ubana abin nan ya ce ranar da aka haɗa shi da sunan mai shi a cikin taro, ranar ya koma fata kawai. Shanuna ba su da katanga sai shi." Ya gyara sandar. "In na ji, ba zan yi faɗa ba. Ba za ka sake ganina ba ne, ni da duk wanda ya sha nonon rugarmu."

Kawu ya rantse. Hamma ya ɗaura gurunsa ya tafi.

Yana fita Kawu ya kama kafaɗata. "Ka ji abin da ka riƙe?"

"Na ji fata da wari."

"Jaki. Ba a buɗewa, amma hannu yana ji. Tunda nake ban taɓa ɗinka irinsa ba. Duk waɗanda na naɗa, yara ne. Ga shugaban ƙasa nan ya fita da takalmin taya, kuma ba dama in faɗa!" Ya zaga tsakar gida, ya dawo, ya ɗebi ruwa a randa ya kurkure baki ya zubar, kamar sunan ne zai fita.

Haka ya yi daminar nan. Ya rame. In an tambaye shi shugaban ƙasa, sai ya ce hukumar zaɓe tana nazari, ya tsallaka titi.

Aka yi zaɓen gaske, shekarar saba'in da tara, rediyo ya faɗi wanda ya ci, masu murna suka yi, masu zagi suka yi. Alhamis ɗin da ta biyo baya tasha ta cika maƙil. Rufa'i mahauci ya zo da makaɗinsa, suka je har rumfa suka ɗago Kawu, suka zaunar da shi kan teburin shayi tsakanin gwangwanayen madara.

"Ƙasa ta samu nata," in ji Rufa'i. "Mu fa? Shekara guda ina minista ba ni da ubangida. Yau sai ka faɗa."

"Sai ka faɗa! Sai ka faɗa!" Kalangu ya ɗauka.

Ina saman kamyo ina jera kaya, daga nan nake ganin kowa. A ƙarshen benci, can gefe, ga Hamma zaune. Ya sayar da bijimi, ya tsaya shan shayi kafin ya kama hanya. Bai ɗago kai ba. Kawu ma ya gan shi, domin na ga idonsa ya je can sau ɗaya ya dawo da sauri kamar ya taɓa garwashi. Bakinsa ya buɗe. Na san Kawu, na san yadda leɓensa ke rawa in labari mai daɗi ya zo masa wuya. Na diro daga mota.

Ya cire hula, ya share gumi, ya mayar.

"Ni ne," ya ce.

Ni na zaci za a yi dariya a watse, shi ma na tabbata abin da ya zata ke nan. Sai wani dillalin shanu ya buga cinya ya ce, "Wallahi gaskiya ne! Wa ya taɓa layun ƙasar nan duka in ba shi ba?" Wani ya ce ai dama, kana zaton zai ɗinka wa mutane shekara da shekaru bai ɗebi kaɗan-kaɗan ya haɗa nasa ba? Wani ya ce shi ya taɓa ganin sa a Gagarawa da Maigatari rana ɗaya. Wannan kam gaskiya ne, a motarmu ya je. Kafin ka ce me, sun gaskata, har da waɗanda suka daina gaishe shi.

Rufa'i ya zare wuƙarsa ta fawa, ya goga ta a tafin hannu. Fuskarsa cike da girmamawa. "Ranka ya daɗe, doka dai dokarka ce. Ministan yaƙi ne ke farawa."

Na kutsa na isa kunnen Kawu. "Kawu, kai da ƙaya in ta soke ka sai an yi maka sannu mako guda. Ka ce wasa kake."

"Rufe mini baki, ɗan banza, kana zubar wa gwamnati mutunci."

Amma ya gwada. Ya ce ai ba a yi girbi ba, doka ta ce sai kaka. Ya ce ba a share fili ba. Rufa'i ya tsaya, ya dube shi, girarsa ta haɗu.

"In ba kai ba ne, ba laifi. Faɗi wanda ne, mu je mu same shi yanzu."

Kalangu ya tsaya. Can ƙarshen benci Hamma ya ajiye kofinsa.

Kawu ya naɗe hannun riga na hagu har gwiwar hannu, ya miƙa. Ya ɗaga kai yana kallon rediyon da ke jikin darbejiya.

Da Rufa'i yana shakka, da ya ɗan shafa ne kawai. Matsalar ita ce ya yarda. Shi a ransa wuƙar ce za ta ji jiki, har yana tausayinta. Ya yi kirari, ya ja ta da ƙarfin da yake ja a cikinsa.

Ba zan bayyana ba. Jini ya kai har kan burodi. Mai shayi ya saki buta, makaɗi ya ruga, Rufa'i ya yar da wuƙa ya ɗora hannu a ka yana salati yana kuka kamar shi aka yanka. Kawu bai yi ihu ba. Ya dubi hannun ya ce, "Kai," ya sulale. Malamin nan mai wa'azi shi ne ya fara isowa, ya warware rawaninsa ya ɗaure damtsen. Ɗantala, da bai yi masa magana ba tun Dungas, ya tayar da kamyo da rabin lodi, muka kai shi asibitin sha-ka-tafi, yana tuƙi yana zaginsa har muka isa.

Ma'aikacin asibitin, wani saurayi mai farar riga, ya wanke ya fara ɗinki. Kawu ya farfaɗo a tsakiyar aikin, ya leƙa, ya yamutsa fuska.

"Yaro, wa ya koya maka? Tazarar nan ta yi yawa. Matso da su, kuma ka daina jan zaren kamar kana ɗaure buhu."

"Baba, ka kwanta."

"Ko takalmi ba zan ba ka ba."

A tasha kuwa, kafin la'asar an gama shari'a. Rufa'i ya ce ba yadda za a yi wuƙarsa ta kama shugaban ƙasa, sai dai in akwai wani a cikin taron da ya fi shi, ya karya masa magani daga zaune. Kowa ya yarda. Har yau ana gardamar ko wane ne. An zargi mai shayi, an zargi wata tsohuwa mai fura, an ma zargi malamin. Ba wanda ya tuna da Bafillacen da ya biya kuɗin shayinsa ya tafi.

Hannun ya warke, amma ƙananan yatsu biyu sun ƙi lanƙwasuwa, kuma da su ake danne fata. Mutanen gari ba su dawo ba. Sun ce ga baki yana yoyo, ga magani ba ya ci, me ya rage? Asama'u ta sayar da wata akuyar, ba ta ce masa komai ba wannan karon, abin da ya fi damun sa ke nan. Yana zaune a zaure, ƙafa tana rawa, ya kasa fita ya kasa zama.

Ana cikin yankan gero Hamma ya yi sallama. Ya sauke ƙwaryar man shanu ya tura cikin gida, ya sauke wata jaka a gaban Kawu. Layun yara ne da na bijimai, har da na wasu rugage biyu da ba su taɓa kawo masa aiki ba.

Kawu ya ɗaga hannun ya nuna masa. "Ka ga yadda ya koma. Abin da nake yi a yini, yanzu sai mako."

"Shanu suna cin kara a gonakin bayan gari," in ji Hamma. "Ba inda za mu je sai sun cinye."

Ya jingina sandarsa da bango, ya zauna bakin zaure ya miƙe ƙafa. Kawu ya dube shi, ya dubi jakar, ya zaro basilla. Sai ya ƙwala mini kira in zo in danne masa fata.

Ɗantala yana ta matsa oda a bakin titi, lodi ya cika, Maigatari za mu. Na tsaya tsakanin zaure da titi, ƙafa ɗaya nan ɗaya can.

"Ɗaya tak zan riƙe maka," na ce.

"Zauna, ɗan banza. Wanke hannunka tukuna, duk baƙin mai ne."